Muryar Ernie a Holan: Wim T. Schippers da Matsayin Mai Ɗora Murya

Idan ana lissafa ayyukan Wim T. Schippers a ƙasar Holan, akan fara ne da waɗanda suka tayar da ƙura: daɓen da ya yi da markaɗaɗɗiyar gyaɗa, karnukan da ya hau da su dandamalin wasan kwaikwayo, da shirye-shiryen talabijin da maganarsu ta kai zauren majalisar dokoki. Sai can ƙarshe a ƙara da cewa shi ne kuma muryar Ernie a shirin yara na Sesamstraat, kamar dai wani ɗan aikin neman na cefane. Wannan maƙala tana ganin an rage wa aikin nan daraja. Hujjarta ita ce, ɗora muryar da Schippers ya shafe fiye da shekara 40 yana yi ƙirƙira ce cikakkiya, daga tushe ɗaya ta fito da sauran ayyukansa, kuma ta fi kowannensu shiga gidajen mutane.

An haifi Willem Theodoor Schippers ranar 1 ga Yuli, 1942, a birnin Groningen da ke arewacin Holan, ya tashi a garin Bussum, ya kuma yi karatun zane a Amsterdam. A 1961 shi da Ger van Elk da Bob Wesdorp suka kafa wata ƙaramar ƙungiyar masu fasaha da ta ƙudiri yin aiki ba tare da zumuɗi ko nuna shauƙi ba, abin da ya saɓa wa masu zanen da suka gabace su. Tafiyarsu ta yi daidai da ta Fluxus, ƙungiyar da a lokacin take rusa katangar da ke tsakanin fasaha da harkar yau da kullum a Turai da Amurka. A farkon shekarun 1960 Schippers ya je bakin teku a ƙauyen Petten, ya buɗe kwalbar lemo, ya juye ta cikin ruwa. Iyakar aikin ke nan. A 1962 ya tsara daɓen gyaɗa, wato a shafe ƙasan ɗaki da markaɗaɗɗiyar gyaɗa irin wadda Turawa ke shafawa a burodi, a daidaita ta sumul. An fara aiwatar da shi a 1969 a gidan baje kolin Mickery, aka sake a Utrecht a 1997, sannan gidan tarihin Boijmans Van Beuningen na Rotterdam ya saye shi a 2010. Da aka shimfiɗa shi a can a 2011, an sami masu kallo da suka taka shi bisa kuskure.

Abin lura a waɗannan ayyuka shi ne yadda aka yi su. Schippers yana ɗaukar abin da ba shi da ma'ana ya aiwatar da shi da natsuwa da cikakken tsari, fuskarsa ba alamar wasa, ya bar mai kallo da aikin nemo dalili. Dariyar tana fitowa ne daga tazarar da ke tsakanin girman hidimar da ƙanƙantar abin da ake yi wa hidima. Wanda ya riƙe wannan dabara a ransa zai gane ta duk inda Schippers ya je, har cikin bakin 'yar tsana.

Shigarsa talabijin tana buƙatar ɗan bayani kan yadda Holan ta tsara watsa shirye-shiryenta. Ƙasar ta daɗe a rarrabe bisa addini da aƙida, kowane rukuni da makarantunsa da jaridunsa da ƙungiyarsa ta rediyo da talabijin: KRO ta 'yan Katolika, NCRV ta 'yan Furotesta, VARA ta masu ra'ayin gurguzun ma'aikata, AVRO ta waɗanda ba su jingina ga kowa ba. A wancan zamani ana raba musu lokacin watsa shiri a tashoshin gwamnati. VPRO ta samo asali ne daga Furotesta masu sassaucin ra'ayi, amma a ƙarshen shekarun 1960 matasa suka karɓe ragamarta, ta zama gidan gwaje-gwaje. A can ne Schippers da Wim van der Linden da Willem de Ridder da Hans Verhagen suka yi shirin Hoepla a 1967, wanda ya nuna wata mace, Phil Bloom, ba tufafi. Aka yi ca, maganar ta je majalisa, shirin bai wuce fitowa uku ba. Daga 1971 sai De Fred Haché Show, sannan Barend is weer bezig, inda a Disamban 1972 aka nuna wata mai kama da Sarauniya Juliana zaune tana gyaran ƙananan kabeji kamar kowace uwargida. Wannan ma ya jawo wa VPRO tsawatarwar hukuma.

Ba na ganin duk abin da aka yi a waɗannan shirye-shirye abin karewa ne. Tsiraicin da ya girgiza Holan a 1967 ya tsufa da zamaninsa, kuma mai karatun Hausa yana da cikakken haƙƙin ƙyamarsa. Abin da ya rage da amfani shi ne kunnen marubucin. Schippers ne ke rubuta maganganun 'yan wasansa, Harry Touw da IJf Blokker da Dolf Brouwers, kuma yana saka musu Holanci mai kumbura, irin na jami'in da ke son a ga ya iya magana, jimla ta taso da ƙasaita ta je ta faɗi a rami. Wasu daga cikin kalaman da ya ƙirƙiro sun shige bakin jama'a har yau. A shirin Van Oekel's Discohoek na 1974 zuwa 1975, inda Brouwers ke fitowa a matsayin Sjef van Oekel, ana gayyato mawaƙan zamani su riƙa motsa baki a kan faifan da aka riga aka naɗa, kamar yadda aka saba a talabijin, amma shirin ba ya ɓoye dabarar, yana barin mai kallo ya ga inda baki da sauti suka rabu. Mutumin da ya nazarci wannan rabuwa har ya mayar da ita abin dariya ya riga ya san sirrin haɗa su.

An fara Sesame Street a Amurka a Nuwamban 1969. Sigar Holan, Sesamstraat, ta fara fita ranar 4 ga Janairu, 1976, da haɗin gwiwar gidan talabijin na yankin Flanders a Beljiyam. An gina mata unguwarta da 'yan tsananta na gida, irin su Pino da Tommie, amma sassan Bert da Ernie da Kermit da Grover daga Amurka ake kawo su a ɗora musu Holanci. Paul Haenen, ɗan wasan barkwancin da aka sani da Margreet Dolman da Dominee Gremdaat, shi ya ɗauki Bert da Grover. Schippers ya ɗauki Ernie da Kermit da Graaf Tel, mai son ƙidaya. A Amurka a lokacin Jim Henson ne ke riƙe da Ernie da Kermit, Frank Oz kuma Bert da Grover, saboda haka rabon da aka yi a Holan ya bi sawun na asali.

Akwai wani yanayi na Holan da ya ƙara wa wannan aiki nauyi. Jamus da Faransa da Italiya suna ɗora murya a kan kusan duk fim ɗin waje. Holan ba ta yin haka: fim ɗin manya yana zuwa da harshensa, a rubuta fassara a ƙasan allo. Yara ƙanana da ba su iya karatu ba su kaɗai ake ɗora wa murya. Wannan ya sa sana'ar ta zama ƙarama a ƙasar, kuma ana yi mata kallon aikin yara. Amma ya kuma sa muryoyin da ake ɗorawa su ne na farko da ɗan Holan ke ji daga allo da harshen uwarsa, a shekarun da kunne ke koyon yadda ake zolaya da yadda ake gardama da yadda ake tambaya.

A duba yadda aikin yake a ɗakin naɗa sauti. Ernie 'yar tsana ce mai launin lemo da faffaɗan kai da riga mai ratsi a kwance. Mutum biyu ke motsa shi: ɗaya yana riƙe da baki da hannu guda, ɗayan yana ba da ɗaya hannun. Ba shi da leɓe, bakinsa buɗewa da rufewa kawai yake yi, kusan sau ɗaya ga kowace gaɓar kalma. Mai ɗora murya yana tsaye gaban makirufo, hoton yana tafiya a gabansa, kuma dole maganarsa ta shiga daidai adadin buɗe bakin da Henson ya riga ya yi da Ingilishi. Idan bakin ya buɗe sau biyar, gaɓa biyar ke gare shi, ko jimlar Holanci tana neman tara. Idan Ernie ya juya ya kalli mai kallo, a nan ne kalmar dariya za ta faɗo, ko da nahawun Holanci ya fi son fi'ili ya jira ƙarshen jimla. Inda wasan asali ya dogara ga kalmomi biyu masu kama da juna a Ingilishi, fassara ba ta da abin yi, sai dai a ƙirƙiro sabon wasa da zai zauna a kan motsin da ba za a iya canzawa ba. Wannan rubutu ne a cikin ƙangi mai tsanani, kuma ƙangin bai hana shi zama rubutu ba, kamar yadda karin waƙa bai taɓa hana mawaƙi zama mai ƙirƙira ba.

Akwai wani sanannen sashe da Ernie ke tsaye da ayaba a kunne. Bert ya matsa masa da tambayar dalili, ya ce don ya kori kadoji ne. Bert ya ce ai babu kada a unguwar nan, Ernie kuwa ya ɗauki wannan a matsayin shaidar cewa dabarar tana aiki. Marubutan Amurka ne suka rubuta shi, amma ko Schippers ne ya rubuta iyakar abin da zai yi ke nan: aiki marar ma'ana, da dalili mai tsari, da fuskar da ba ta wasa. Muryar da ya ba Ernie tana ɗauke da wannan tabbacin na mutumin da bai taɓa shakkar hankalinsa ba, ita kuma ta Haenen tana ɗauke da gajiyar wanda ya san gaskiya amma ba a saurarensa. A ganina wannan ne dalilin da haɗin ya zauna.

Za a iya cewa jikin na Henson ne, labarin na Amurkawa ne, Schippers aro kawai ya yi. Ƙalubale ne mai ƙarfi, kuma rabinsa gaskiya ne: bai ƙirƙiri Ernie ba, ba shi da ikon sa shi ɗaga hannu inda bai ɗaga ba. Amma abubuwa biyu sun rage masa kaifi. Na farko, Schippers da Haenen sun naɗi faya-fayan Bert da Ernie da Holanci, da hirarraki da waƙoƙin da su suka tsara, babu hoto babu 'yar tsana, kuma yara suka karɓe su a matsayin Bert da Ernie na gaskiya. Idan aka cire jiki halin ya tsaya da ƙafarsa, to a murya yake zaune. Na biyu, Henson ya rasu a 1990, daga baya Steve Whitmire ya gaji Ernie, wato yaran Amurka sun ji murya ta canza. Yaran Holan ba su ji komai ba, domin hannun da ke cikin 'yar tsanar ne ya sauya, muryar tana nan. A wurinsu abin da ya ɗore tun 1976 shi ne Schippers.

Tambayar wane ne mai hali, wanda ya rubuta shi ko wanda ya ba shi jiki da murya, ta taɓa zuwa wa Schippers ta ɗaya ɓangaren. Shi da mai zane Theo van den Boogaard sun mayar da Sjef van Oekel littafin zane, da kamannin Dolf Brouwers, har Brouwers ya kai su kotu saboda yadda ake amfani da siffarsa. A can Schippers ne marubuci, wani ne mai jiki. A Sesamstraat shi ne ke tsaye inda Brouwers ya tsaya.

Mai karatun Hausa ba baƙo ba ne ga wannan batu. Finafinan Indiya da ake ɗora wa Hausa, irin na Algaita, sun nuna mana yadda mai murya ke iya mallake jarumi har masu kallo su riƙa neman fim saboda wanda ya yi maganar, su kuma haddace kalaman da babu su a asalin fim ɗin. Ita ma Najeriya ta sami nata reshen shirin yaran, Sesame Square, wanda ya fara fita a NTA a 2011 da 'yan tsana Kami da Zobi. Duk da haka nazarinmu na finafinai ya fi karkata ga jigo da tarbiyya, kamar yadda na Holan ya fi karkata ga abin da ya tayar da ƙura, a bar mai murya a jerin sunayen ƙarshe.

Schippers bai daina sauran ayyukansa ba bayan 1976. A 1979 ya dasa kan hasumiyar coci a tsakiyar wani tafki a harabar Jami'ar Twente, kamar ginin ya nutse. A 1986 ya gabatar da Going to the Dogs a babban gidan wasan kwaikwayo na Amsterdam, 'yan wasan duka karnuka shida ne irin na Jamus. Daga 1984 zuwa 1991 ya riƙe shirin rediyo na Ronflonflon a matsayin Jacques Plafond, inda murya kaɗai ce jarinsa. An yi rubutu mai yawa a kan hasumiyar da karnukan, domin ana iya ɗaukar hotonsu a sa a littafi. Aikin Ernie yana buƙatar wata hanyar nazari: a ɗauki sashe guda, a jera sautin Henson da na Schippers a kan hoto ɗaya, a bi su gaɓa bayan gaɓa, a rubuta inda Holancin ya bi Ingilishin da inda ya rabu da shi ya kama hanyarsa. Irin wannan awon zai yi aiki a kan kowane faifan Indiya-Hausa da ke kasuwar Kano.