Finafinan Shiru na Sudan: Daga Kufan Sawakin zuwa Silimar Umdurman

Gabatarwa

Tarihin silima a Sudan bai cika da dogayen finafinai ba. Abin da ya fi wanzuwa daga cikinsa shi ne gajerun finafinai na shekarun 1970 da 1980, waɗanda suka jingine tsarin labari mai farko da tsakiya da ƙarshe, suka bar hoto da sauti da shiru su isar da saƙo zuwa ga zuciyar mai kallo.

Husaini Sharif da Sawakin

An haifi Husaini Sharif a Umdurman a 1934, ya kuma karanci zane a makarantar Slade da ke Landan. Da idon mai zane ya shigo harkar fim. A 1975 ya fitar da Intiza'ul Kahraman, wanda ya ɗauka a Sawakin, tsohuwar tashar jiragen ruwa ta Bahar Maliya inda alhazan ƙasar Hausa suka daɗe suna tsallakawa zuwa Jidda. Garin ya mutu tun da aka gina Port Sudan a farkon ƙarni na 20. Sharif bai tsaya bayanin wannan tarihi ba. Ya bar na'urar ɗaukar hoto tana ratsa rusassun gidaje, mutane suna giftawa kamar inuwa, muryar mawaƙi Abdul'aziz Dawud tana rakiya, har mai kallo ya ji nauyin kufai a ƙirjinsa.

Raƙumi da Igiya

Ibrahim Shaddad, wanda ya koyi fim a Babelsberg ta Jamus ta Gabas, ya bi wannan tafarki ta wata fuskar. Fim ɗinsa Jamal, wato Raƙumi, na 1981, yana nuna raƙumin da ke kewaya matsar man riɗi cikin ƙuntataccen ɗaki. Kewayen da ƙarar katako su ne labarin, kuma duk wanda ya san aikin da ba ya ƙarewa zai gane kansa a jikin dabbar. A Al-Habil, wato Igiya, na 1985, makafi biyu da jaki ne ke ratsa hamada ɗaure da igiya ɗaya, wani lokaci su ja jakin, wani lokaci jakin ya ja su. Ba a ambaci mulki ko shugabanci ba, amma tambayar wa ke jagorancin wa ta fito fili.

Rufe Ƙofa

A Afrilun 1989 Shaddad da abokansa, irin su Ɗayyib Mahadi da Sulaiman Annur da Manar Alhilu, suka kafa Ƙungiyar Fim ta Sudan a Khartum domin su yi aiki ba a ƙarƙashin gwamnati ba. Ranar 30 ga Yuni ta wannan shekara Umar Albashir ya yi juyin mulki, aka rushe ƙungiyoyi, gidajen silima suka yi ta mutuwa. Sharif ya zauna gudun hijira a Alƙahira har rasuwarsa a 2005.

Kammalawa

Cibiyar Arsenal ta Balin ce ta gyara finafinan ƙungiyar aka sake ganinsu. A 2019 fim ɗin Suhaib Gasmelbari, Talking About Trees, ya nuna dattawan suna fafutukar buɗe wata tsohuwar silima a Umdurman, hukuma ta hana izini. Yaƙin da ya ɓarke a Khartum a Afrilun 2023 ya sake warwatsa masu wannan sana'a, kuma yau a ƙasashen waje aka fi kallon finafinan da aka yi domin mutanen Sudan.