Adolfo Celi, ɗan wasan Italiya da duniya ta sani da fuskar mugu

Adolfo Celi ɗan wasan kwaikwayo ne kuma mai ba da umarni, ɗan ƙasar Italiya, wanda ya fito a fina-finai kusan 100 cikin shekara 40. An haife shi a Messina da ke tsibirin Sisili ranar 27 ga Yulin 1922, ya rasu a Siena ranar 19 ga Fabrairun 1986. Yana cikin rukunin 'yan wasan da ba kasafai ake ba su matsayin jarumin fim ba, amma su ake nema idan labari yana buƙatar attajiri mai girman kai, ko hafsan soja, ko babban malamin coci, ko shugaban 'yan ta'adda. Akasarin masu kallo a wajen Italiya sun san shi ne da rawa guda, wato Emilio Largo, mugun nan mai ɗaure da ido ɗaya a fim ɗin James Bond mai suna Thunderball. Wannan rawar ta ɗaukaka sunansa, amma kuma ta rufe sauran aikinsa, wanda ya fi ta nauyi nesa ba kusa ba.

Celi ya yi karatun wasan kwaikwayo a babbar makarantar koyon wasan daɓe ta ƙasa da ke birnin Rum, inda ya ƙulla abota da Vittorio Gassman, abotar da ta ɗore har mutuwa ta raba su. Fim ɗinsa na farko shi ne Un americano in vacanza na Luigi Zampa, jim kaɗan bayan Yaƙin Duniya na Biyu. A 1948 Aldo Fabrizi ya tafi da shi Ajantina domin ɗaukar fim ɗin Emigrantes, labarin Italiyawan da talaucin bayan yaƙi ya kora zuwa ci-rani. Da aka gama aikin, Celi bai koma gida ba.

Shekarun Brazil

Daga Ajantina ya wuce Sao Paulo, inda wani attajiri ɗan asalin Italiya, Franco Zampari, ya kafa gidan wasan Teatro Brasileiro de Comédia. Aka naɗa Celi daraktansa na farko a 1949, bai ko kai shekara 30 ba. A lokacin wasan daɓe a Brazil ya dogara ne kan tauraro ɗaya da sauran 'yan wasa ke kewayewa. Celi da wasu daraktoci 'yan Italiya da suka biyo bayansa suka kawo wani tsari dabam: doguwar gwaji kafin a hau dandamali, nazarin rubutun wasa sosai, da ba wa darakta ikon tsara komai daga fitilu har zuwa tsayuwar ɗan wasa. Ya gabatar da wasannin Pirandello da Sartre, ya yi aiki da Cacilda Becker, wadda ake lissafawa cikin manyan 'yan wasan ƙasar.

Shi ne kuma ya ba da umarnin Caiçara a 1950, fim na farko da kamfanin Vera Cruz ya shirya, sannan Tico-Tico no Fubá a 1952, kan rayuwar mawaƙi Zequinha de Abreu. Daga baya ya kafa ƙungiyar wasa tare da matarsa ta lokacin, Tônia Carrero, da Paulo Autran. Har yau idan aka ambaci sunansa a Brazil, darakta ake nufi, ba ɗan fim ba.

Komawa gaban kyamara

Fim ɗin Faransa L'Homme de Rio na 1964, wanda Jean-Paul Belmondo ya ja ragamarsa, shi ya mayar da Celi gaban kyamara a matsayin wani hamshaƙin attajiri ɗan Brazil. Fim ɗin ya karɓu ƙwarai, nan da nan manyan kamfanoni suka gano mutumin: ƙaƙƙarfa, mai furfura, mai faffaɗar fuska da kallo mai nauyi, wanda ko zama kawai ya yi a kujera za a san mai iko ne. A 1965 kaɗai ya fito a Von Ryan's Express tare da Frank Sinatra, a matsayin kwamandan sansanin fursunonin yaƙi, da The Agony and the Ecstasy, da kuma Thunderball.

A Thunderball, Largo shi ne na biyu a ƙungiyar SPECTRE. Ya sace bama-baman nukiliya biyu, yana zaune a Bahamas da jirgin ruwansa na alfarma da tafkin da yake kiwon kifayen shak a ciki. Irin wannan ne masu kallo ke kira bos, kuma Celi ya buga shi ba tare da ihu ko zare ido ba. Natsuwarsa ce abin tsoron. Sai dai muryar da ake ji a fim ɗin ba tasa ba ce. Saboda kaurin lafazinsa na Italiyanci, aka ɗauko Robert Rietty ya maimaita maganganunsa da Turanci. Abin lura ne cewa mutumin da ya shafe shekaru yana koya wa 'yan wasa yadda ake furta magana a dandamali, duniya ta san shi da muryar aro.

Bayan haka rawa iri ɗaya ta yi ta biyo shi. Ya zama shugaban kamfanin motocin tsere a Grand Prix na 1966, da shugaban 'yan daba Valmont a Diabolik na Mario Bava a 1968, da Janar Hans Krebs a Hitler: The Last Ten Days na 1973. Wasu fina-finan da ya karɓa a wannan zamani ba su kai darajarsa ba, ciki har da O.K. Connery, wanda aka yi don cin albarkacin sunan Bond ta hanyar saka ƙanin Sean Connery a matsayin jarumi.

A gida Italiya kuwa, da barkwanci aka fi tuna shi. A Amici miei na Mario Monicelli, 1975, ya fito a matsayin Farfesa Sassaroli, babban likitan tiyata mai ji da kai wanda ya shiga gungun wasu magidanta a Florence da ba su da aiki sai tsokanar jama'a. Fitaccen abin da suka yi shi ne tsayawa a tashar jirgin ƙasa suna kwaɗa wa fasinjojin da suka leƙo ta taga mari a daidai lokacin da jirgi ke tashi. Abin dariyar Celi shi ne bai sauya komai ba: da fuskar nan ta Largo, a murtuke, yake aikata shiririta. Ya sake taka rawar a kashi na biyu a 1982 da na uku a 1985. Nan ne, a ganina, aka fi ganin gwanintarsa, domin da harshensa yake magana kuma da muryarsa.

Talabijin ta ba shi abin da silima ta hana shi, wato doguwar rawa. A 1972 ya zama jarumi a shirin Joe Petrosino, labarin ɗan sandan New York ɗan asalin Italiya da aka kashe a Palermo. A 1976 ya fito a Sandokan a matsayin James Brooke, Baturen Ingila da ya mulki Sarawak, yana karawa da Kabir Bedi, ɗan wasan Indiya da masu kallon fina-finan Indiya suka sani a Khoon Bhari Maang. A 1981 BBC ta ba shi rawar Fafaroma Alexander na Shida a The Borgias, ta kuma bar shi da muryarsa. Masu kallo da masu sharhi a Birtaniya suka yi ta ƙorafin cewa ba sa gane abin da yake faɗa, shirin ya sha suka, sunansa ya fi na kowa shan ta.

A shekarunsa na ƙarshe ya koma wasan daɓe. A Fabrairun 1986 yana Siena domin wani wasa da aka gina kan rubuce-rubucen Dostoevsky, sai ciwon zuciya ya kama shi a daren da za a fara nunawa, aka wuce da shi asibiti. Gassman ne ya hau dandamali a madadinsa. Celi ya rasu yana da shekara 63, aka binne shi a Messina.