Kafin a ce "sai mun haɗu a kotu": sharuɗɗan ƙalubalantar sakamakon zaɓe

Duk bayan zaɓe, in ka zauna teburin mai shayi a Agege ko Sabon Ibadan, maganar ɗaya ce: an yi mana maguɗi, a tafi kotu. Ni a kara na tashi, wajen mahaifina mai fataucin shanu, kuma tun ina yaro na ga yadda ake raba rigimar ciniki. Ba a kallon wanda ya fi ɗaga murya. Dillali ake kira, da shaidu, da takardar da aka rubuta. To, shari'ar zaɓe ma haka take. Ga sharuɗɗanta bisa kundin tsarin mulki da Dokar Zaɓe ta 2022, wadda aka yi zaɓen 2023 da ita.

Na farko, wa ke da ikon kai ƙara? Ɗan takarar da ya shiga zaɓen ne kawai, ko jam'iyyar da ta shiga. Ni da kai masu jefa ƙuri'a, ko ƙungiyar 'yan kasuwa, ko fadar Sarkin Hausawa, ba mu da wannan hurumin, sai dai mu tsaya shaida. A cikin ƙarar dole a sa sunan wanda aka ce ya ci, kuma ana haɗawa da hukumar INEC.

Na biyu, lokaci. Sashe na 285 na kundin tsarin mulki ya ba da kwana 21 daga ranar da aka bayyana sakamako. In suka wuce, shi ke nan, ko alƙali bai isa ya ƙara kwana ɗaya ba. Kotu kuma tana da kwana 180 daga ranar shigar da ƙara ta yanke hukunci, ɗaukaka ƙara kuwa a gama ta cikin kwana 60. Rigimar zaɓen fid da gwani daban take: Babbar Kotun Tarayya ake zuwa, cikin kwana 14.

Na uku, dalili. Dokar Zaɓe ta 2022 ta yarda da guda uku: wanda aka ba nasara bai cancanci tsayawa takara ba, ko zaɓen ya ɓaci saboda cin hanci da maguɗi ko saɓa wa dokar zaɓe, ko kuma ba shi ne ya samu rinjayen halastattun ƙuri'u ba. Amma a lura, nuna cewa an yi kuskure bai isa ba. Sai ka nuna kuskuren ya yi girman da ya taɓa sakamakon.

Na huɗu, wace kotu? Zaɓen shugaban ƙasa a Kotun Ɗaukaka Ƙara yake farawa, ya ƙare a Kotun Ƙoli. Na gwamna yana farawa a kotun sauraron ƙararrakin zaɓe, ya je Kotun Ɗaukaka Ƙara, sannan Kotun Ƙoli. Na sanata da ɗan majalisar wakilai da na jiha a Kotun Ɗaukaka Ƙara yake tsayawa. Zaɓen ciyaman da kansila a jihohi kuwa hukumar zaɓen jiha ke shirya shi, dokar jihar ake bi.

Na biyar, kuma nan ne ƙara ke mutuwa, hujja. Ana shigar da ƙara ne tare da jerin shaidu, da rubutaccen bayanin kowannensu bisa rantsuwa, da takardun da za a dogara da su. A shari'ar shugaban ƙasa da aka yanke ranar 6 ga Satumba 2023, kotu ta yi watsi da bayanan shaidun da ba a shigar da su cikin kwana 21 ba, Kotun Ƙoli kuma ta tabbatar da nasarar Bola Tinubu ranar 26 ga Oktoba. A Osun, kotun farko ta soke nasarar Ademola Adeleke kan aringizon ƙuri'u, amma a watan Mayu 2023 Kotun Ƙoli ta tabbatar masa da kujerarsa, domin masu ƙara ba su kawo hujjar da ta dace daga na'urar BVAS da rajistar masu zaɓe ba. Kotu ba ta karɓar "an ce mini". Wanda ya tsaya a rumfar, ya gani da idonsa, shi take saurara.

Ka ga ke nan shari'a tun ranar zaɓe take farawa. Mu mazauna kudu muna da rumfuna a unguwanninmu, amma sau da yawa da mun dangwala sai mu koma kasuwa. In kana son ƙuri'arka ta tsira, tsaya a ƙirga a gabanka. Wakilin jam'iyya ya sa hannu bayan ya duba, ya karɓi kwafinsa na takardar EC8A, ya adana ta kamar rasit ɗin shanu. Kuma a sani, wanda aka rantsar yana nan kan kujera muddin ya ɗaukaka ƙara a kan lokaci, har a kai kotun ƙarshe. Don haka a guji tayar da hankali saboda hukuncin farko. Mu da ke zaune cikin mutane, dukiyarmu ce a fili. Allah ya ba mu zaman lafiya.