Sanusi Tambari Jaku, depite daga Kornaka

Ƴan'uwa na Agye, Gazawa da Gidan Rumji, ga tarihin wani ɗan jiharmu ta Maradi.

An haifi Sanusi Jaku a Kornaka, cikin ƙasar Dakoro, a 1940. Ya yi karatun tattalin arziki mai zurfi.

A 1974 soja suka ƙwace mulki, suka rufe majalisa. A 1976 wasu suka nemi kifar da Kunce. Aka kama Sanusi a kan wannan magana. Shekara 11 yana tsare. Sai da Kunce ya rasu a 1987 aka sake shi.

Kurkuku bai rufe masa baki ba. A 1991 yana cikin waɗanda suka kafa jam'iyyar CDS-Rahama. A 1993 jama'a suka zaɓe shi depite. A 1997 ya kafa tasa jam'iyya, PNA-Al'umma. A 2004 aka sake zaɓen sa. An san shi da faɗin ra'ayinsa a majalisa ba tsoro.

Ya rasu a 2022. Allah ya jiƙan sa.

Aikin depite shi ne magana da yawun talaka. In kun zaɓi mutum, ku riƙa tambaya: me ya faɗa a madadinmu?