ZARE 🧵: Rigimar da ake yi kan TikTok ta girmi kakanninmu

1/ Jama'a, duk yayin da ya shigo sai a ce yaran yanzu sun lalace. Ni ɗan Ringim ne, har 1991 Kano ce jiharmu, kuma har gobe daga can ɗinki da waƙa suke iso mana. To bari mu duba tarihin fitar dare a Kanon. Ku biyo ni.

2/ A 1937 aka buɗe silimar Rex a wajen ganuwa. Kwarori ne suka riƙe harkar. Wurin ba rufi, don haka sai duhu ya yi ake haska fim. Ka ga tun farko silima da dare tare suka taso, shi ya sa malamai da iyaye suka ƙyamace ta.

3/ Ranar 13 ga Mayu, 1951, gobara ta tashi a silimar El-Duniya, mutum 331 suka rasu. Da yawa suka ce fushin Allah ne. Duk da haka an ƙarasa ginin Palace a Jakara, cikin birni, kuma samari ba su daina zuwa ba.

4/ Sai finafinan Indiya suka mamaye allon. Auren dole, soyayya, kunya, rawa da waƙa: Bahaushe ya ga abin da ya yi kama da gidansu. Nan fa tushen waƙar fim ɗinmu yake.

5/ A 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a kaset. Wannan ya canza komai, domin fim ya bar silima ya shiga ɗaki. Matan aure da ba sa fita da dare suka zama manyan 'yan kallo, kuma kayan da jaruma ta sa shi ake kai wa tela.

6/ Hukuma ta biyo baya. An kafa hukumar tace finafinai ta Kano a 2001. A 2007 aka ɗaure Adam A. Zango kan bidiyon Bahaushiya. A 2016 MOPPAN ta kori Rahama Sadau kan waƙar ClassiQ.

7/ Kar ku ce mu kaɗai ne. Japan tana da doka tun 1948 da ta takura wuraren rawa, har ta hana rawa bayan tsakar dare. Daga 2010 'yan sanda suka riƙa rufe kulob-kulob a unguwar Amerikamura ta birnin Osaka. Matasa suka tara sa hannu, aka sassauta dokar a 2015.

8/ Abin da na lura: hani bai taɓa kashe yayi ba, wuri kawai yake canza masa. Daga silima zuwa kaset, daga kaset zuwa waya. Kowane mataki kuma ya fi na baya wuyar sa ido.

9/ Silima tana da ƙofa da mai gadi. Wayar ƙanwarka ba ta da ko ɗaya. Idan tarbiyya muke so, aikin ya dawo cikin gida, kuma mu yayye ba za mu zame ba.

Ku tambayi dattijon gidanku wane fim ya fara kallo, kuma wa ya zane shi a kai. Ina jiran amsa a ƙasa 😅