Kyanwa a Gaban Majigin Farko

Tun majigi bai iya magana ba, kyanwa ta riga ta samu shiga. A shekarar 1894, a ɗakin ɗaukar hoto na Thomas Edison da ke West Orange a Amurka, an ɗauki kyanwoyi biyu sanye da safar dambe suna kai wa juna naushi. Wasan horo ne, kuma tausayinsu yake ba ni.

Fim ɗin da ya kwanta mini a rai shi ne The Sick Kitten, wanda George Albert Smith, mutumin Ingila, ya fitar a 1903. Yara biyu ne suke jinyar ɗan kyanwa. Can sai Smith ya matso da na'urarsa, har ɗan kyanwar ya cika allo yana lasar cokali. A wancan zamani, yawancin masu ɗauka nesa suke kafe na'ura, ba su gusa ta. Smith kuwa ya gane cewa mai kallo yana son ganin ido da gashin baki, domin a nan tausayi yake shiga zuciya.

Masu shirya fim na yau, wannan matsowa gado ce da kuka ci. Ku san mai ita.