Bashin Gina Gida na Asusun NHF

Bashin gina gida na Asusun NHF rance ne da Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, ke bai wa ma'aikata a Najeriya bisa dokar 1992. Ana cire kashi 2.5 cikin ɗari na albashi kowane wata a zuba a asusun, ruwan bashin kuwa kashi 6 ne a shekara, kuma wa'adin biya kan kai shekara 30.

Wa'adi shi ne ke yanke nauyin bashin. Malamin makaranta a Ƙaraye da ya karɓi naira miliyan 5 na shekara 30 zai riƙa biyan kusan naira 30,000 duk wata. A watan farko 25,000 ruwa ne, abin da ya zaftare daga uwar kuɗin bai kai 5,000 ba. Kafin ya gama, ya biya kusan miliyan 10.8, sama da ninkin abin da ya karɓa. Da shekara 15 ya zaɓa, biyan wata zai haura 42,000, amma jimillar ta tsaya kusan miliyan 7.6.

A Ƙaraye da Rogo matsalar takan fara tun kafin lissafi. Banki na neman takardar mallakar fili ta gwamnati, alhali filaye da yawa na gado ne. Ga kuma batun riba, wanda ba ƙaramin abu ba ne ga Musulmi. Shi ya sa wasu ke neman tsarin da babu ruwa a ciki, kamar ijara ko murabaha, a bankuna irin su Jaiz, wanda ya fara aiki a 2012. Wasu kuwa adashi suke yi, su yi gini ɗaki-ɗaki bayan kaka.